Me ake nufi da SAFETY, ESTAR da alamomin da ke gefen tsohon fim, kuma da waɗanne kalmomi ake binciken su?

Garba_Fagge

Assalamu alaikum jama'a. Tambaya gare ni ga masana wankin hoto da masu adana kayan tarihi. Akwai akwatin ƙarfe na wani tsohon shagon hoto da ake so a tantance abin da ke ciki. Akwai nagatif falle-falle masu faɗin tafin hannu, akwai naɗaɗɗun fim na kyamara masu lambar girma 120 da masu faɗin milimita 35, sai gwangwani shida na fim ɗin majigi, biyu masu faɗi, huɗu sirara. A gefen wasu an buga KODAK SAFETY FILM, wasu ESTAR, wasu kuma babu rubutu sai 'yan tsage-tsage a kusurwa. Da yawa daga cikin fallayen suna warin ruwan khal, sun yi kwari-kwari kamar busasshen tabki.

Intanet ba ta taimaka ba. In an rubuta "safety film" sai ta kawo ledar da ake manna wa gilashin mota, "nitrate" ta kawo takin zamani, "celluloid" ta kawo ƙwallon tebur da alƙalami. Ina so in san abu uku: me waɗannan kalmomi suke nufi, ta yaya ake gane wanda ke kama wuta, kuma wace kalma ce za ta kai mutum ga bayanin masana. Allah Ya saka da alheri.

Malam Sambo Adana

Wa alaikumus salam Malam Garba. Kafin komai, a fitar da gwangwanaye biyun nan masu faɗi daga akwatin, a ajiye su a inuwa mai sanyi nesa da janareta da madafa da ɗakin kwana, har sai an san ko mene ne. Dalilin zai fito a ƙasa.

Kowane fim hawa biyu ne. Akwai fuskar da ke ɗauke da hoton, wato jelatin da aka cakuɗa da gishirin azurfa, sannan akwai gindin roba mai haske da aka shimfiɗa ta a kai. Duk kalmomin da suka ɗaure maka kai sunayen gindin ne, kuma iri uku ne kawai a tarihi: naitiret, asetet, da foliyesta. Sai dai kowanne yana da sunaye barkatai, domin kowane kamfani ya raɗa wa nasa suna, kuma da waɗannan sunaye aka rubuta takardun da kake nema.

Naitiret shi ne na fari. A 1846 Christian Schönbein, wani masanin kimiyya a Basel, ya jiƙa auduga a cikin asid ɗin naitirik da na salfa, ya sami audugar da ke fashewa kamar albarushi. In aka rage ƙarfin jiƙon aka gauraya da kafur sai ta zama roba. Alexander Parkes na Birmingham ya nuna irinta a baje kolin Landan na 1862 da sunan Parkesine, Daniel Spill ya ci gaba da ita da sunan Xylonite, John Wesley Hyatt a Amurka ya sami lasisin mallakar tasa a 1870, ita ce aka sani da Celluloid. A 1888 John Carbutt na Filadalfiya ya fara sayar da fallen hoto a kan wannan roba maimakon gilashi. Naɗaɗɗen fim kuwa rigima aka yi a kansa. Hannibal Goodwin, wani limamin coci a Newark, yana neman abin da ba ya fashewa don nuna wa yara hotuna da fitilar majigi, ya shigar da takardar neman lasisi a 1887. Takarda ta yi ta jan ƙafa a ofis, kamfanin Eastman, wanda ya zama Kodak, ya fito da nasa fim a 1889 ta hannun mai haɗa masa sinadarai Henry Reichenbach. Sai a 1898 aka ba Goodwin lasisinsa, ya rasu a 1900, kuma sai a 1914 Eastman ya biya dala miliyan 5 ga Ansco, kamfanin da haƙƙin ya koma hannunsa. In kana son ganin takardun da idonka, rubuta US610861 a Google Patents, ta Goodwin ke nan. US417202 ta Reichenbach. Lambar lasisi ta fi kowace kalma saurin kai mutum gida, don babu mai sayar da taki da zai yi amfani da ita.

Aibin naitiret shi ne yana ɗauke da iskar da wuta ke ci a cikin jikinsa. Ko an rufe shi da yashi ko an tsoma shi a ruwa, in ya kama ba ya mutuwa sai ya cinye, hayaƙinsa kuma guba ne. A asibitin Cleveland Clinic, ranar 15 ga Mayu 1929, hotunan ƙashi da aka tara a ɗakin ƙasa suka kama, mutum 123 suka mutu, akasari hayaƙin ne ya kashe su. A ƙarshen shekarar, a silimar Glen da ke Paisley ta Sikotilan, gwangwanin fim ya fara hayaƙi, yara suka ruɗe, aka rasa 71 a turmutsutsu. Mu ma ba labari muka ji daga nesa ba. Ranar 13 ga Mayu 1951 silimar El Duniya ta Kano ta ƙone, mutum 331 suka rasu, binciken gwamnati ya nuna fim ɗin naitiret ne ya kama a ɗakin majigi wutar ta bi rufi. A wannan shekarar ce Kodak ya daina yin fim ɗin silima na naitiret.

SAFETY da ka gani tana nufin "ba naitiret ba ne", iyakar ma'anarta ke nan. Ba ta ce fim ɗin ba ya lalacewa ba. Asetet ma daga auduga ko ɓawon itace ake yin sa, amma da asid ɗin khal maimakon naitirik, don haka narkewa yake yi da wuta, ba ya tashi. An fara da nau'in dayasetet don fina-finan gida: Pathé ya yi mai milimita 28 a 1912 da mai 9.5 a 1922, Kodak ya yi mai 16 a 1923, mai 8 a 1932. Wannan ya ba ka sauƙi guda: gwangwanayen nan huɗu sirara, in masu 16 ko 8 ne kuma na Kodak ne ko na kamfanonin Yammacin Turai, ba naitiret ba ne, don ba a taɓa yin 16 da 8 da shi a can ba. Dayasetet yana ƙanƙancewa yana karyewa, shi ya sa gidajen silima suka ƙi shi, aka bi ta kan gauraye biyu, asetet-furofiyonet da asetet-butiret, har Kodak ya fito da tirayasetet a 1948. Shi ne ya kori naitiret.

Ba rana ɗaya aka daina ba, kuma nan ne mutane ke kuskure. Kodak ya bar naitiret a hoton ƙashi a 1933, a naɗin 35 na kyamarar hannu a 1938, a fallayen situdiyo a 1939, a hoton da ake ɗauka daga jirgi a 1942, a ƙunshin fallaye da ake kira "film pack" a 1949, a sauran naɗaɗɗu na kyamarar gida a 1950, a silima a 1951. Waɗannan shekarun na Kodak ne kaɗai. Wasu masana'antu, musamman na Tarayyar Sobiyet da Sin, sun ci gaba bayan haka, kuma mai shago ba ya zubar da kayan da ya saya don kamfani ya sauya ra'ayi. Saboda haka duk mai faɗin 35 da ka ga alamar ya girmi tsakiyar shekarun 1950, ɗauke shi a matsayin naitiret har sai ya wanke kansa.

Na uku, wato foliyesta, ba daga tsiro yake ba, daga man fetur ne. Masana kimiyya biyu, Whinfield da Dickson, suka gano shi a Manchester a 1941, shi ne dai robar gorar ruwa da yadin tetiron. DuPont ya mai da shi gindin fim a 1955 da sunan Cronar, Kodak ya bi a 1960 da sunan ESTAR. Mylar da Melinex duk shi ne. Fuji ya yi Single-8, fim ɗinsa mai milimita 8, a kansa a 1965, gidajen silima kuwa sai a shekarun 1990 kwafinsu ya koma kansa. Duk abin da aka rubuta wa ESTAR a akwatin nan shi ne mafi ƙarancin damuwarka.

Batun bincike kuma, dabarar ita ce a haɗa kalma biyu da babu mai haɗa su sai ɗan sana'a, a sa su cikin alamar zance. "film base identification" za ta kai ka ga takardun gidajen adana tarihi. "vinegar syndrome" ita ce sunan warin khal ɗin nan. "channeling" tare da "acetate negative" ita ce kwari-kwarin da ka gani. "notch code" su ne tsage-tsagen kusurwa, "edge code" ko "date code" tare da Kodak su ne alamomin gefe. Ga tsofaffin takardu na kafin 1930 kada ka nemi "nitrate", nemi "pyroxylin" ko "nitrocellulose", asetet kuma a Ingila "non-flam" ake ce masa. Ƙara filetype:pdf a ƙarshe yana zubar da rabin 'yan talla, alamar ragi a gaban kalma, kamar -window ko -fertilizer, tana zubar da sauran.

Hajiya_Kimiyya

Malam Sambo ya gama da tarihi, bari in ɗora da gwaji. Amma in fara da gargaɗi: rubutun gefe yana ƙarya, kuma ta fuska biyu.

In aka kwafi fim daga wani fim, haske yana ratsa gefen na asali ya buga rubutunsa a jikin sabon. Sai ka sami asetet da NITRATE a gefensa, ko naitiret da SAFETY, wani lokaci duka biyun a tsiri ɗaya. Yadda ake rarrabewa a fim baƙi da fari: rubutun da masana'anta ta buga wa tsirin da ke hannunka baƙi ne, mai kaifi, a kan gefe mai haske. Wanda ya ratso daga uwarsa yana fitowa fari a kan baƙi, ko dishi-dishi. Baƙin mai kaifi ake bi. A kuma warware faifan a duba wurare da dama, domin masu majigi sukan haɗa guntaye iri-iri a faifai ɗaya.

Tsage-tsagen fallaye an yi su ne don mai hoto ya gane fuskar fim a ɗakin duhu da ɗan yatsa. Riƙe fallen a tsaye, tsagar tana sama ta hannun dama, to fuskar jelatin ce ke kallon ka. A fallayen Kodak na kafin 1949, in tsaga ta farko daga gefe mai tsini ce kamar V, naitiret ne. In mai zagaye ce kamar U, asetet ne. Bayan 1949 sun sake amfani da V a kan asetet, kuma wannan ƙa'ida ba ta hau kan Ilford ko Agfa ko Gevaert ba, waɗanda su ma sun cika shagunan ƙasar nan. Shaida ce, ba hukunci ba.

Alamomin shekara su ne 'yan ƙananan da'ira, murabba'i, dala da giciye da ke bin sunan Kodak a gefen fim ɗin majigi. Da'ira ɗaya tana nufin 1916, da'ira da murabba'i 1922. Matsalar, duk shekara 20 ake maimaita su, don haka da'ira da murabba'i na iya zama 1922 ko 1942 ko 1962, sai a dubi motoci da tufafin da ke cikin hoton a zaɓa. Shekarar da aka yi fim ɗin ce, ba wadda aka ɗauki hoton ba. Akwai kuma ɗan ɗigo da ake sakawa tsakanin haruffan SAFETY: bayan S na Rochester ne a Amurka, bayan A Kanada, bayan F Ingila, bayan E Faransa, bayan T Ostireliya. Wannan ɗigo yana da amfani gare mu, domin masana'antar Kodak ta Ingila tana da nata alamomin shekara daban kafin 1951, kuma kayan da suka shigo Najeriya a zamanin Turawa daga can akasarinsu suka fito. Wanda ya karanta fim ɗin Ingila da jadawalin Amurka zai fitar da shekarar da ba ita ba.

Gwajin da ba ya ɓata komai shi ne na foliyesta. Buɗe farin shafi a allon kwamfuta irin LCD, sa tabarau mai tace ƙyalli, wanda aka rubuta wa "polarized", karkata kai har allon ya yi baƙi. Sai ka sa wurin da ya fi haske a jikin fim ɗin tsakanin allon da idonka, kana karkata shi a hankali. Foliyesta zai nuna launin ja da kore kamar mai a kan ruwa, saboda an miƙe shi ta tsawo da faɗi wajen ƙera shi. Asetet da naitiret ba sa nuna komai. Ga faifai kuma, ɗaga shi ka haska tocila ta gefensa: foliyesta haske ke ratsa shi, asetet duhu yake yi. In akwai ɓangaren da ba hoto a bakin tsiri, gwada yagawa. Asetet yana yagewa tsaf, foliyesta sai dai ya miƙe. Wannan taurin ne ya sa ba a cika sa shi a kyamarar silima ba, don in ya sarƙe haƙoran inji ne za su karye, kuma gam ɗin haɗa fim ba ya kama shi, sai salatif na musamman.

Raba naitiret da asetet ne aiki. Hanci yana taimakawa: khal asetet ne, kafur ko wani wari mai yaji kamar na ruɓaɓɓiyar safa naitiret ne, amma kada a cusa hanci a gwangwani, a buɗe a waje a bar iska ta kawo. Yadda suke lalacewa ma ya bambanta. Naitiret yana yin ruwan zuma, ya yi danƙo, ya yi kumfa, ya dunƙule, daga ƙarshe ya zama gari mai launin tsatsa. Asetet ba ya danƙo irin wannan, ƙanƙancewa yake yi ya yi kwari. Fallayen Malam Garba masu kwari da warin khal sun riga sun faɗi sunansu. Tirayasetet na Kodak na farkon shekarun 1950 zuwa gaba an sa masa wani sinadari da ke walƙiya a ƙarƙashin fitilar gane jabun kuɗi, in aka haska gefen faifan.

Gwajin da ake yi a ɗakin gwaji shi ne na sinadarin daifenilamin: rabin giram a cikin mililita 100 na asid ɗin salfa mai ƙarfin kashi 90. A yanki ƙwanƙwasar fim kamar ƙwayar gero daga gefen da ba hoto, a ɗora a gilashi, a ɗiga ɗigo ɗaya. Naitiret yana komawa shuɗi mai duhu cikin minti guda. Inda ake ruɗewa: fallayen asetet da yawa an shafa musu siririn naitiret a matsayin gam tsakanin gindi da jelatin, sai su ba da shuɗi mai rauni a baki-baki. Shuɗin da ya cika guntun duka shi ne amsa. Asid ɗin nan ya fi ruwan batir ƙarfi nesa ba kusa ba, aikin sashen kimiyya na jami'a ko kwaleji ne, da safar hannu da gilashin ido. Tsohon gwajin yawo a cikin tirayikuloro-etilin, inda naitiret ke nutsewa asetet ya taso, ni ban ba da shawararsa ba: ruwan yana jawo ciwon daji, kuma lalataccen fim ba ya bin ƙa'idar.

Baban Majigi

Hajiya, kin tsallake wanda 'yan sana'a suka fi yi. A yanki tsiri siriri kamar tsinken ashana daga bakin faifai, a rufe gwangwanin a mayar da shi ciki, a fita fili nesa. A riƙe tsirin a tsaye da hantsaki, a kunna masa wuta daga sama. Naitiret zai ci har ƙasa nan take da harshe rawaya mai haske, ya bar baƙin toka. Asetet zai murɗe ya narke, wutar ta mutu da kanta ko ta ci da ƙyar. Daga sama ake kunnawa, don daga ƙasa kusan komai zai ci.

Hajiya_Kimiyya

Gaskiya ne Baba, yana aiki, kuma ka faɗi sharuɗɗan daidai. Na bar shi ne don wanda bai taɓa ganin yadda naitiret ke ci ba ba shi da abin kwatantawa, kuma akwai mai karanta wannan da zai kunna ashana a kan teburin da faifan yake. Wanda zai yi, guntu ɗaya, a fili, da bokitin ruwa don abin da wutar za ta taɓa, ba don fim ɗin ba.

Garba_Fagge

Madalla, na gode ƙwarai. An duba: gwangwani ɗaya mai faɗi yana da NITRATE FILM da baƙin rubutu, ya ɗan yi ruwan zuma amma yana warwaruwa ba danƙo. Ɗayan SAFETY ne da ɗigo bayan F. Saura masu warin khal. Ana iya tsayar da abin, ko sun tafi ke nan? Kuma firiza a garin da wuta ke zuwa tana tafiya ba zai ƙara ɓata su ba?

Isufu Damagaram

Malam Garba, ba a mayar da wanda ya lalace, amma ana rage masa gudu sosai.

Abin da ke faruwa shi ne danshin iska yana shiga robar ya ɓalle asid ɗin khal da aka haɗa ta da shi. Asid ɗin da ya fito shi ke ƙara saurin ɓallewar, don haka abin yana tafiya a hankali shekaru da yawa, sannan ya kai wani mataki ya zabura. Gindi yana ƙanƙancewa, har kashi 10 cikin 100 in ya yi nisa, jelatin kuwa ba ya ƙanƙancewa tare da shi, sai ya ɗago ya yi kwarin nan. Farin gari mai ƙyalli kamar kanwa da ake gani a kai sinadarin laushi ne robar ta tofar, ba fumfuna ba ce. In fallen ya yi ruwan hoda na Kodak ne, in shuɗi na Agfa ko Ansco, rinin bayan fim ne asid ya farkar. Tsatsar gwangwani da layin sauti na maganaɗisu suna ƙara wa abin wuta, saboda ƙarfen da ke cikinsu. Ba mamaki ba ne da aka fara kai ƙarar wannan cuta daga Indiya a shekarun 1950, ba a daɗe da fito da tirayasetet ba. Lissafin cibiyar Image Permanence Institute ta Rochester ya nuna sabon asetet a zafin digiri 21 da danshi kashi 50 yana fara wari bayan shekara 40 zuwa 50, kuma duk ƙarin digiri 5 ko 6 yana raba wannan wa'adi kusan gida biyu. Sai a lissafa ɗakin kwano a Kano ko Damagaram a watan Afrilu.

Cibiyar nan tana yin wata 'yar takarda mai suna A-D Strips, da wannan sunan za a neme ta. Shuɗiya ce, ana sa ta a gwangwani ko a leda tare da fim, a rufe awa 24. In hunturu ne iska ta bushe a ƙara kwanaki. In ta tsaya shuɗiya mataki na 0 ke nan, lafiya lau. Shuɗi-kore 1, kore 2, rawaya 3. Tsakanin 1 da 2 ne wurin zaburar. Duk wanda ya kai 2 a fara kwafarsa, wanda ya kai 3 a kwafe shi a makon.

Kafin a sa kowane faifai a majigi a auna shi. A fim mai 16, daga rami zuwa rami milimita 7.62 ne, wato rami 100 milimita 762. In ka auna ka sami 754 ya ƙanƙance da kashi 1, haƙoran majigi za su yayyaga ramukan. Mai 35, rami 100 milimita 475 ne. Wanda ya wuce kashi 1 sai na'urar kwafi marar haƙora. Fallaye kuwa a ɗora su a kan farin allon haske a ɗauka da kyamara daga sama, kada a danne mai kwari da gilashi, jelatin zai farfashe. A adana a TIFF, ba a JPEG ɗin WhatsApp ba.

Rabo shi ne aikin yau: masu wari gefe, lafiyayyun asetet gefe, ESTAR gefe, domin tururin asid yana kama na kusa. A zubar da tsofaffin ambulan da suka yi ja bayan an kwafe rubutun jikinsu, a sauya gwangwani mai tsatsa. ESTAR baƙi da fari ɗaki mai digiri 21 ya ishe shi. Asetet kuwa, ƙa'idar adana fim ta ƙasa da ƙasa mai lamba ISO 18911 tana neman digiri 2 zuwa 7, firiza ya fi haka kyau.

Zuwa da tafiyar wuta ba ita ce matsalar ba. An gwada daskarewa da narkewa sau da yawa a jere, fim bai ji komai ba matuƙar yana rufe. Abin tsoro ruwan ƙanƙarar da ke narkewa ne, da raɓar da ke kwanta wa fim mai sanyi in an buɗe shi a iska mai ɗumi. Saboda haka leda mai zif mai kauri biyu, a matse iska, a sa kwali mai tsabta tsakaninsu da katin auna danshi inda za a gan shi, a sa duka a robar da ke rufuwa, a ɗora ta a kan wani abu kada ta zauna a gindin firiza. In za a ɗauko, a bar ƙunshin a rufe kwana guda ya ɗauki zafin ɗaki. Lokacin ƙunshewa ma yana da muhimmanci: fim yana shiga leda da danshin ranar da aka rufe shi. Agusta ya yi laima, tsakiyar hunturu kuma jelatin ya bushe yana murɗewa. A nemi ranar da ma'auni ya nuna kashi 30 zuwa 50, a wajenmu bayan ɗaukewar ruwa ake samun ta.

Gwangwanin naitiret kuwa ba ya bin waɗannan. Kada a toshe shi a leda a zafin ɗaki, iskar da yake fitarwa tana haɗuwa da danshi ta zama asid ɗin naitirik, ta cinye shi ta cinye maƙwabtansa. Lafiyayye sai wajen digiri 150 yake kamawa, amma a gwajin da hukumar ma'aunai ta Amurka ta yi a 1949 lalataccen faifai ya kama da kansa a digiri 41, zafin da inuwar bazararmu ke wucewa. Naka yana matakin farko, hoton yana fitowa, yanzu ne lokacin kwafarsa. Ba a sa shi a majigi, ba a sa shi a firizan gida, ba a ba direban tasha shi a matsayin saƙo. A dokar sufuri lambarsa UN1324, kayan wuta ne. A tuntuɓi ma'ajiyar fina-finai ta ƙasa da ke Jos, ƙarƙashin Hukumar Fina-finai ta Najeriya, a faɗa musu abin da aka karanta a gefen da alamar shekararsa. In da ya kai matakin dunƙulewa ko gari, babu hoton da za a ceta, sai a nutsar da shi a durom ɗin ƙarfe cike da ruwa a kira 'yan kwana-kwana.

Ga masu bincike ta ɓangarenmu na Nijar, takardun da Faransanci suke. Naitiret "film flamme" ake ce masa, asetet "ininflammable", cutar khal "syndrome du vinaigre". A gwangwanayen Agfa da ORWO na Jamus za a ga "Sicherheitsfilm", ita ce SAFETY tasu.

Malam Sambo Adana

Ƙari ɗaya kan na Malam Isufu. In an ci karo da siririn fim marar launin azurfa a akwatin, shuɗi ko ruwan madara, na ɗaukar takardu ne, kalmominsa "diazo" da "vesicular". Na biyun, wanda aka sayar da sunan Kalvar, nau'insa na farko yana fitar da asid mai cin ƙarfe da kwali, a ware shi shi ma. Malam Garba, turo hoton gefen mai ɗigo bayan F ɗin nan kusa-kusa, da alamomin da ke bin sunan Kodak, a fitar maka da shekararsa kafin ka kira Jos.